Makara a Ƙofar Gidan Taubashiyata

Taubashiyata ta taɓa yin fim, amma ko masu shagon hayar kaset na wancan zamani ka tambaya ba za su tuna ta ba. Finafinan da ta fito a ciki ba su cika yatsun hannu ɗaya ba, kuma ba ta taɓa wuce maƙwabciya ko yayar amarya ba. Ni ce dai ban manta ba. Tare muka tashi a cikin birnin Zariya, a wani lungu da ke bayan Ƙofar Galadima. Ita 'yar kawuna ce, ni 'yar gwaggonta, saboda haka tun muna yara ba mu san girmama juna ba. In na ce mata baiwar gidanmu, sai ta ce ai ni don ɗaukar mata takalmi aka haife ni.

Allah ya hore mata kwaikwayo. In baƙuwa ta zo gidanmu ta tashi tafiya, kafin ta fita zaure an riga an sake yin ta a tsakar gida: tafiyarta, yadda take gyara ɗankwali, har ɗan tarin da take yi kafin ta roƙi ruwa. Ranar da aka kai mu asibitin Wusasa aka yi mana allura, ni na dawo da kumburi, ita ta dawo da nas ɗin gaba ɗaya, ta yi ta yi mana ita har kakarmu ta ce a fitar da yarinyar nan kafin cikin tsohuwa ya ƙulle don dariya. Ta sha dukan ludayi a kan wannan hali, bai rage komai ba.

A kwalejin horon malamai ta shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo, a can kuma ta haɗu da wanda ta aura. Akawu ne a wani ofis a unguwar Kongo, nan Zariya, siriri, mai sanyin hali, shi yake buga musu takardun wasa a tafireta bayan an tashi aiki. Ba ɗan birni ba ne. Daga wani ƙauye yake a gabas da gari, kuma shi kaɗai ya rage wa mahaifiyarsa, wadda kowa ke kira Iya. Sauran 'ya'yanta duk sun koma suna ƙanana. Iya ta ƙi zaman birni, ta ce ba za ta iya garin da ake sayen yakuwa ba. Takan zo dai da kaka, da buhun dawa da kaji a kwando, ta ɗan kwana ta koma. Tana son surukarta ƙwarai. Da ta huta ta sha ruwa sai ta ce, “Zo ki yi mini matar dagacinmu,” ta yi ta dariya tana share ido da bakin zane.

Da aka shiga shekarun casa'in bidiyo ya cika gari. Wasu samari daga Tudun Wada suka yi hayar kyamarar ɗaukar biki suka fara haɗa finafinan zaman iyali: miji da mata, tarbiyyar yara, rikicin gado, irin waɗannan. Wasunsu sun san ta tun kwaleji, suka neme ta. A lokacin tana koyarwa a firamare, da 'ya'yanta biyu. Matar aure a fim ba abu ne da aka saba gani ba, ballantana a cikin ganuwa. Mijinta bai yi gardama ba, shi ya ma raka ta wurin kawu, mahaifinta. Kawu tsohon malamin Arabiyya ne, ba mai yawan magana ba. Ya saurare su har suka gama.

“Kai ka yarda?” ya tambayi mijin.

“Na yarda, Baba. Faɗakarwa ce.”

“To. Mayafi kada ya bar jikinta, kuma kada in ji an taɓa ta.”

Masu surutu sun yi surutunsu. Abin da ke ba ni haushi har gobe shi ne, gidajen da suka fi zaginta su suka fi aiko yara aron kaset. Ni kam ina alfahari da ita, ko da yake ban taɓa gaya mata ba, don kada kanta ya kumbura. In kaset ya fito mukan taru a ɗakinta, a jira wuta, a zura shi. Sai a yi ta kallon wasu har a gaji, can sai ga ta ta shigo da sallama ta ari turmi, ta faɗi magana biyu ta fita. Mu yi ihu, a mayar baya, a sake. Nakan ce mata, “Yanzu duk wannan kwalliyar don aron turmi?” Takan ce, “Ke ko taɓarya ba a aike ki arowa ba.” Amma ko a aron turmin, in ka lura, ita kaɗai ce ba ta yi kama da wadda ta haddace magana ba. Tana son aikin nan fiye da yadda take nunawa. Koyarwa abinci ce, wannan kuwa shi ne abin da ranta ke so, kuma kullum jira take a ba ta wurin da za ta nuna iyakar abin da ta iya.

Wurin ya zo a wani dogon hutun makaranta. Daraktan, wani matashi mai baƙin tabarau da yawan Turanci, ya ce ita za ta ja fim ɗin: matar da mijinta ya rasu ya bar ta da yara, ta riƙe su da ɗinki har suka zama mutane. Ranar da ta zo gaya mini, ko zama ba ta iya yi ba. Ya kuma ce yana son gidan ƙasa na cikin birni, mai zaure da azara, don a ga asali. Ta ce ga nata. Mijinta ya ce ba komai, ya hau babur ɗinsa da safe ya tafi Kongo kamar kullum.

Aka gayyato mu, ni da wasu malamai abokan aikinta, mu zama matan makoki. Aka shimfiɗa tabarmi a tsakar gida, muka lulluɓe. Aka zaga da man zafi kowa ta shafa a ƙarƙashin ido. Ita ta ce ba ta so. Da aka ce a fara, ta faɗi ƙasa ta kurma ihu, ta yi birgima, ta kira mijinta ta tambaye shi wa ya bar wa yaran. Hawaye kuwa shaɓe-shaɓe. Ni da na san ƙarya ce, sai da tsigar jikina ta tashi. Darakta ya yi ta tafi. Sai ya ce saura fitar gawa: za a kai kyamara waje, a ɗauki makara tana fitowa daga zaure, mu kuma mu ci gaba da kuka daga ciki yadda za a ji a titi.

A unguwarmu makara tana jingine ne a bayan masallaci. Ba a neman izinin ɗaukarta, ba a kuma tambayar wanda ya zo ɗauka. An san abin da ya same shi. Sai dai a bi shi da ido a ga gidan da ya shiga, a tashi a yi alwala. Samarin nan biyu suka je suka sunkuto ta, suka ratsa ta gaban dattawan da ke zaune a dakali, har suka yi musu sallama. Ba wanda ya gaya wa mai unguwa ko liman cewa za a yi fim. Darakta ya ɗauka maigidan ya faɗa, maigidan ya ɗauka a tsakar gida za a gama komai, ita kuma ta ɗauka kafinta za su sa ya ƙera musu tasu. Suka naɗe wata tsohuwar katifa a farin yadi, suka ɗora, suka rufa tabarma. Mai kyamara ya hau katangar wani kango da ke kallon ƙofar, reshen dalbejiya ya kare shi.

Muna cikin kuka sai ga maƙwabta suna shigowa da salati. Wata tsohuwa da ke gidan baya ta wuce mu kai tsaye ta rungume taubashiyata tana cewa, “Yi haƙuri, 'yar nan, yi ta addu'a, kuka ba ya yi masa amfani.” Wata ta ce ai da safe ta ji tashin babur ɗinsa. Wata har ta nufi madafa ta ga ko akwai itace. A cikin gidan babu kyamara, babu darakta, sai mata a lulluɓe da jajayen idanu. Na ga lokacin da taubashiyata ta gane. Ta daina kukan, ta dube ni, na dube ta.

Abin da ya faru a waje, telan bakin lungu ne ya ba mu labari daga baya. Da makara ta fito, maza suka taso daga ko'ina. Masu shago suka ja ƙofa. Aka karɓe ta daga kafaɗar samarin, don ba a barin mutum da gawa shi kaɗai, aka sauke ta a ƙofar gida, aka fara ja sahu. Darakta yana kan katanga, ya ga taron da ko a mafarki bai samu ba, sai ya raɗa wa mai kyamara ya ci gaba. Wannan ne ban yafe masa ba. Liman ya iso yana gyara rawani, ya tsaya gaban makara, ya tambaya, “Namiji ne ko mace?” Shiru. Ya sake tambaya. Sannan ne darakta ya diro, tabarau a hannu, yana ta inda-inda. Liman ya sa hannu ya ɗaga tabarmar, ya taɓa farin yadin, ya daɗe yana dubawa. Wani dattijo mai barkwanci ya ce ƙasa-ƙasa, “To, Allah ya ji ƙan katifa.” Ba wanda ya yi dariya a lokacin. Liman ya ce a wanke makarar a mayar da ita inda aka ɗauko, a kuma kira masa maigidan.

Aka je Kongo aka taho da shi. Ya durƙusa gaban liman da mai unguwa ya ba da haƙuri, ya bi dattawa ɗaya bayan ɗaya. Mutum ne da ake ganin mutuncinsa, saboda haka aka yi masa faɗa aka bar shi. Kafin azahar abin ya fara komawa raha. Abokansa suka cika zaure suna yi masa barka da dawowa, suna tambayarsa labarin can. Mu ma a ciki muka saki jiki, na ce mata ai ta ci lambar yabo, tunda ta tara wa katifa sahu. Ta yi dariya, tana cewa gobe sai a ƙarasa sauran a wani gida.

Akwai abin da ba mu sani ba. Wata mata daga ƙauyen Iya takan kawo daddawa birni, kuma duk zuwa sai ta biyo gidan da saƙo. Ran nan ta iso bakin lungu daidai fitowar makara. Ta ga ƙofar da ta fito, ta ji muryar matar gidan tana kukan miji. Ba ta ƙarasa ba, ba ta tambayi kowa ba. Ta juya da tallanta a ka ta nufi tasha.

Bayan la'asar wata a-kori-kura ta tsaya a bakin lungun. Mutanen ƙauye suka sauko, maza da mata, da tabarmi da buhun gero na sadaka. Mata biyu suna riƙe da Iya. Muka ji zaure ya yi tsit, muka leƙa ta ƙofar ciki, ni da taubashiyata, kafaɗa da kafaɗa. Maigidan yana zaune da kwanon fura a gabansa. Ya miƙe.

Iya ba ta yi ihu ba. Ta tsaya a bakin ƙofa tana kallonsa kamar baƙon da ta taɓa gani a wani wuri. Ta zame hannunta daga matan, ta tako, ta kama hannun rigarsa ta murza yadin. Ta shafa kunnensa. Ta ce, “Ka ci abinci?” Ya ce, “Na ci, Iya.” Ta ce, “To.” Sai ta waiga tana neman wurin zama, alhali ga tabarma a gabanta, ta zauna a ƙasa kan turɓaya, ta cire takalminta ɗaya ta riƙe a cinya. Can wani ɗan sauti ya fara fita daga ƙirjinta, kamar shaƙuwa. Ɗan'uwan mijin Iya, wanda ya jagoranci tafiyar, ya ce tun daga gida abu ɗaya take maimaitawa, a roƙi mutanen birni su nuna mata kabarin, tunda ta san ba za su jira ta ba.

Ban taɓa jin kunya da tausayi sun haɗe mini kamar ranar ba, ga man zafi yana ta yi mini raɗaɗi a ido.

Mutanen ƙauye suka so su tayar da rigima, Iya ta hana. Ta kwana a gidan. Da safe na koma, na tarar taubashiyata ta durƙusa a gabanta tana ba da haƙuri. Iya ta bar ta ta gama, sannan ta ce, “Da matar nan ta zo, ban yarda ba. Na ce jiya-jiya aka ce mini lafiyarsa ƙalau. Sai ta ce muryarki ta ji da kunnenta. Na ce to in ke ce kika yi kuka, gaskiya ne, yarinyar nan ba ta taɓa yi mini ƙarya ba.” Ba ta ce a daina ba, ba ta ce a ci gaba ba. Ta nemi ruwan alwala.

Kawu ya aiko a kira taubashiyata. Na raka ta, ina shirin in yi mata lauya, don a ganina laifin darakta ne da rashin shawara, ba nata ba. Kawu ya ce mini, “Ke, ba da ke nake ba.” Ya ce mata ya ba da sharaɗi biyu kuma ta kiyaye su, bai da abin cewa a kansu, amma bai san akwai na uku da ya kamata ya faɗa ba. Ya ce shi dai a nasa ganin ya isa haka, sauran magana tana wurin mijinta. Mijin kuwa, wanda da shi ne mai ƙarfafa mata gwiwa, ya ce ba zai hana ta ba. “Amma in Iya ta tambaye ni ko kina yi har yanzu, ban san da wane baki zan amsa ba.” Da ma ya hana ta, da ta sami wanda za ta yi fushi da shi. Ta aika wa darakta ya nemi wata.

Ya nemi wata kuwa, wata yarinya daga Kaduna. Fim ɗin ya fito, ya ɗan yi kasuwa. Bai cire taron ƙofar gidan ba, ya dai yanke kafin isowar liman, mutanen unguwa suka yi ta aron kaset suna nuna kansu a cikin sahu. Kukan da ake ji daga bayan katanga nata ne, amma sunanta ba ya ko'ina. Ita ba ta kalla ba. Ta koma ajinta. Iya ta ci gaba da zuwa da kaka, suna zaman lafiya, sai dai ba ta sake cewa a yi mata matar dagaci ba.

An ɗauki shekaru ba mu tayar da maganar ba. Wata rana na je gidanta da hantsi, yara suna makarantar allo, muna zaune muna ɓarar gyaɗa. Bakina da ba ya gajiya ya ce, “Ina tauraruwar da ta yi takabar katifa?” Na ɗauka za ta rama. Sai ta ajiye gyaɗar.

“Zan gaya miki wani abu, kada ki gaya wa Malam,” ta ce, tana nufin mijinta. “Ranar nan da muke leƙe a ƙofar zaure, kin ɗauka kunya nake ji?”

“Me kike ji in ba kunya ba?”

“Ina jin kunya. Amma wani gefe na zuciyata kallonta kawai yake yi, yana cewa, ashe haka ake yi. Ashe ba a ihu, ba a birgima. Ashe tambaya ake yi ko ya ci abinci. Tsohuwa tana zaune a ƙasa saboda ni, ni kuwa ina ɗaukar darasi. Na yi istigfari har na gaji, abin bai fita daga kaina ba.”

Na ce ai ba da gangan ta yi ba.

“Ba wannan ne ya fi damuna ba,” ta ce. “Abin da na yi da safen nan, da kuke ta yabo, shirme ne. Hayaniya ce kawai. Sai da yamma na iya. Da za a ba ni wuni ɗaya in sake wurin nan, da kin ga aiki.”

Na ce, rabi da wasa, “To yi mini mana.”

Ta dubi ƙofa, ta saurara ko akwai mai zuwa. Ta miƙe ta karkaɗe zanenta, ta je bakin zaure ta juyo. Ba ta kwaikwayi Iya ba, ba ta ranƙwafa ba, ba ta sauya murya ba. Ita ce dai, matar da aka zo gaya wa mijinta ya rasu. Ta tako tsakar gida a hankali, ta ga rigar Malam a kan igiya, ta taɓa ta ta ji ko ta bushe. Ta sauke ta, ta fara ninkewa, ta kai rabi ta manta yadda ake yi. Ta tsaya da ita a hannu, ta ce da wani wanda ba ya nan, “Amma na ɗora masa ruwan wanka.”

Ni da na zo tsokana, sai ga ni ina kuka a cikin kwanon gyaɗa, ba man zafi ba komai. Ta bar ni na yi mai isata, tana tsaye tana kallona, kuma na ga daɗi a fuskarta, irin wanda na daɗe ban gani ba.

“Ya yi?” ta ce.

“Ya yi.”

Ta mayar da rigar kan igiya, don da sauran danshi. Ta dawo ta zauna, ta jawo kwanon gabanta. Ban da ni ba wanda ya taɓa ganin wannan wasa, kuma ba ta sake yin sa ba.